Taƙaitawa: Abin da muka tattara kan salon wasan Robert Duvall, ɗan wasan fim na Amurka

Jama'a, hirar ta yi tsawo, ga abin da na tsinto.

1. Kusan kowa ya yarda cewa ƙarfin Duvall yana cikin rashin hayaniyarsa. A fim ɗinsa na farko, To Kill a Mockingbird na 1962, bai furta ko kalma ɗaya ba. Yana tsaye a bayan ƙofa, fuska a kwance, ido kaɗai ke magana. Ni dai wurin nan har yanzu yana taɓa min zuciya.

2. Masu koyon wasa, an ce ku lura da shi a The Godfather na 1972, inda ya fito a matsayin lauya Tom Hagen. Wasu na ta ɗaga murya, shi kuwa yana saurare, sai ya amsa a hankali. Shawarar ita ce ku koyi sauraron abokin wasanku kafin ku yi tunanin maganar da za ku faɗa. Wasu sun danganta hakan da karatunsa a wajen Sanford Meisner, malamin wasan kwaikwayo, a New York.

3. Inda aka rabu: wasu sun ce bai dace a kira shi mai sanyin wasa ba, ga rawar da ya taka a matsayin soja Kilgore a Apocalypse Now, 1979, mai cika baki da ihu. Wasu suka ce ai ko a can bai wuce gona da iri ba.

4. Kyautar Oscar ta gwarzon ɗan wasa da ya samu da Tender Mercies, fim ɗin 1983, yawanci sun ce ya cancanta, kaɗan suka ce fim ɗin ya yi musu sanyi.