Wanda bai bi umarnin kotu ba, ya dace Kotun Ɗaukaka Ƙara ta saurare shi?

Abban Sadiq: Har yau abin da Kotun Ɗaukaka Ƙara ta yi wa ƙungiyar malaman jami'o'i ASUU a 2022 bai kwanta min ba. Ranar 21 ga Satumba Kotun Ma'aikata ta ce malamai masu yajin aiki su koma aji. ASUU ta nemi izinin ɗaukaka ƙara, aka ce an ba ta, amma da sharaɗin ta koma aiki tukuna. To me ya rage a ɗaukaka? Abin da take ƙalubalanta shi aka ce ta fara yi. Ranar 14 ga Oktoba ta janye yajin aikin wata takwas. Ni a wurina an yanke shari'ar tun ba a saurare ta ba.

Barista: Malam, ƙa'idar tsohuwa ce. Wanda ya take umarnin kotu ba ya zuwa neman alfarmar kotu, izinin kuwa alfarma ce, ana iya ɗora mata sharaɗi. A 1985 gwamnatin soja ta Legas ta sa 'yan sanda sun fitar da Ojukwu daga wani gida a Ikoyi, alhali magana na gaban alƙali. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce a mayar da shi, gwamnati ta yi kunnen uwar shegu, ta garzaya Kotun Ƙoli neman a dakatar da umarnin. Kotun Ƙoli ta ƙi a 1986. Ka ga sandar ta taɓa dukan gwamnati ma.

Hajiya Maman Amir: Sai an tono 1986 kafin a samo babban da ta daka! A ƙarshen 2022 an ce a kai shugaban EFCC na lokacin, Abdulrasheed Bawa, gidan yarin Kuje saboda mota da naira miliyan 40 da kotu ta ce a mayar wa mai su aka ƙi. A Nuwamban shekarar ne aka yanke wa Sufeton 'Yan Sanda na lokacin, Usman Baba, wata uku, shi ma don ƙin bin umarnin kotu. Wa ya kwana a ciki? Amma lauya Inibehe Effiong a Akwa Ibom wata guda ya yi cur a gidan yari kan raina kotu.

Barista: Hajiya, ranki ya daɗe, waɗancan biyun ba kotun sama ce ta cece su ba, alƙalan da suka yanke hukuncin ne suka janye shi da kansu. Wata muhawarar ce daban.

Hajiya Maman Amir: Wanda ke tsare dai bai ga bambancin ba.

Kawu Magatakarda: Ɗana Barista, ka bar wani gefe a aljihu. Ƙa'idar tana da togaciya. Idan mutum yana cewa kotun ƙasa ba ta da hurumi tun farko, ko hukuncin raina kotun kansa yake ƙalubalanta, ana saurarensa. In ba haka ba, alƙalin da ya yi kuskure ya toshe ƙofar gyara ke nan. Sannan ɗaure mutum ba wasa ba ne: sai an kai masa Fom 48 na gargaɗi, a biyo da Fom 49 ya zo ya kare kansa. Na sha ganin fayil ya rushe don kawai an ajiye takardar wurin sakatare maimakon a damƙa wa mai ita hannu da hannu.

Abban Sadiq: Yawwa Kawu! To wa ya kai wa ASUU Fom 48? Wace kotu ta same ta da laifin raini?

Barista: Nan kam ka kama ni rabi. Ba a same ta da laifi ba, shi ya sa ba a ɗaure kowa ba, ba a kuma kore ta ba. Amma umarnin yana nan da ransa, kuma ko kana ganin kuskure ne dole ka bi har a soke shi. Kotun ta auna ɗaliban da ke zaune a gida tun 14 ga Fabrairu.

Abban Sadiq: Da ta auna albashin da aka riƙe ma.

Kawu Magatakarda: Wannan ba ya cikin takardar da ke gabanta ranar.