Wane ne wannan mai ƙiban da ke fitowa a finafinan Jamus?

Sadiq_Kd:
Salam 'yan uwa. Jiya na kalli fim ɗin Jamus Das Leben der Anderen, akwai wani mai jiki da ya fito a minista, wallahi tunda ya bayyana naji na tsane shi, kuma fitowarsa bata da yawa amma har na kwanta fuskarsa na raina. Kamar na taɓa ganinsa a wani wajen. Wa ya san sunansa?

Malam Bashir:
Wa'alaikumus salam. Thomas Thieme kenan, haifaffen Weimar a 1948. Ka ganshi mana, shine Martin Bormann a Der Untergang na 2004, bidiyon nan da ake ta yaɗawa inda Hitler ke zazzaga wa janar-janar ɗinsa masifa, duba da kyau yana cikin ɗakin.

Ummu Hanan:
Malam ka bar wajen da yafi taɓa ni. Mutumin nan fa a Jamus ta Gabas ya tashi, a Berlin ta Gabas ya koyi wasan kwaikwayo, ya rayu ƙarƙashin gwamnatin da Stasi, wato 'yan sandan sirrinta, ke mata leƙen asiri har ya samu ya fice a 1984, kuma labarin Das Leben der Anderen a 1984 ɗin ya fara, wato irin manyan da ya gudu ya bari su aka bashi ya kwaikwaya, ministan da ya sa a dasa na'urar saurare a gidan marubuci kawai don yana son matar da suke tare. Ni ina ganin shi yasa baya ɗaga murya ko zare ido, ya san yadda masu iko ke magana a hankali suna murmushi kai kuma cikinka na ɗurar ruwa.

Sadiq_Kd:
Ikon Allah. To Hajiya bai taɓa jan fim da kansa bane?

Malam Bashir:
Ya ja, a talabijin ya fito a Helmut Kohl, tsohon shugaban gwamnatin Jamus, a 2009, sannan Uli Hoeneß na ƙungiyar ƙwallon ƙafa ta Bayern Munich a 2015. Amma asalin ƙarfinsa a dandamali yake, yayi aiki a gidan wasan kwaikwayo na Burgtheater a Vienna da na Schaubühne a Berlin. Nemi shiri mai dogon zango Babylon Berlin, shine shugaban 'yan sanda Zörgiebel.

Sadiq_Kd:
Nagode sosai, Allah ya saka. Yau da daddare zan fara shi in data ta bari.