Wace fitowa ce ta jarumar fim ɗin Indiya ta fi tsaya muku a rai?

Mai Tambaya:
Assalamu alaikum. Mun yi musu da ƙanena, wanda ya dage cewa a tsofaffin finafinan Indiya mata ba su da aiki sai kuka da rawa a lambu, kuma sai a 'yan shekarun nan aka fara ba su matsayin da ke buƙatar ƙarfin hali. Ban yarda da shi ba, amma misalai sun ɓace mini a lokacin. Wace fitowa za ku kafa masa hujja da ita?

Gwaggon Yara:
Wa alaikumus salam. Ka ce masa ya nemi Mother India na 1957, ya kalli ƙarshensa. Nargis ta fito a matsayin Radha, wadda ta yi noma da hannunta ta raini 'ya'yanta cikin bashin Sukhilala mai ba da rance da ruwa. Da ɗanta Birju ya sace 'yar wannan mutumin a ranar aurenta ya ɗora ta a kan doki, uwar da ta sha wuya dominsa ce ta ɗaga bindiga ta harbe shi, sannan ta ruga ta rungume shi yana cikawa a hannunta. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne Nargis ba ta kai shekara 30 ba a lokacin, amma ta yarda ta fito da furfura a matsayin mahaifiyar Birju, wato Sunil Dutt, sa'anta, wanda ta aura a 1958.

Malam Mai Nazari:
Gwaggo, ban musa miki ba, sai dai ni a wurina Radha ta tsaya ne domin kare mutuncin ƙauyensu, ba domin kanta ba. Madhubala a Mughal-e-Azam na 1960 ta fi burge ni, domin kuyanga ce ta tsaya a gaban Sarki Akbar, a cikin ɗakin da aka lulluɓe da madubai, tana bayyana son da take yi wa ɗansa ba tare da ta sunkuyar da kai ba, har hotonta ya cika kowane madubi, sarki ya rasa inda zai kawar da ido. Yawancin fim ɗin baƙi da fari ne, amma wannan wurin an ɗauke shi da launi. Kuma a lokacin tana fama da ciwon zuciyar da ya yi ajalinta a 1969, tana da shekara 36.

'Yar Autar Mama:
Yaya, kada ka manta da Hema Malini a Sholay na 1975, inda ta yi rawa a kan fasassun kwalabe domin kada ɗan fashi Gabbar Singh ya kashe masoyinta. Amma idan hujjar da za ta rufe bakin ƙanenka kake nema, to Arth ne na 1982, wanda babu bindiga a ƙarshensa, babu ɗaga murya. Shabana Azmi ta fito a matsayin matar da mijinta ya bar ta ya koma wa wata, da abin ya watse masa sai ya dawo yana roƙo. Ta tambaye shi a natse ko da ita ce ta aikata haka zai karɓe ta, ya amsa cewa ba zai karɓa ba, ta kuwa yi masa sallama.

Mai Tambaya:
Na gode ƙwarai. Arth ne kaɗai ban taɓa gani ba, don haka da shi za mu fara, ni da shi, a zama ɗaya.