Neman shawara: in bar gaban kyamara in koma koyar da wasan kwaikwayo?

Assalamu alaikum, 'yan'uwa. Na daɗe ina fitowa a wasannin kwaikwayo na talabijin, amma yanzu kira ya ja baya, kuma ko an kira ni, matsayin uban yarinya ko mai unguwa ake ba ni, fitowa biyu a sallame ni. Ga kuma matasa suna yawan sallama a ƙofar gidana suna roƙon in koya musu sana'ar. Ba ni da takardar shaidar karatun wannan fanni, duk abin da na sani a bakin aiki na koye shi. Shin ya dace in ajiye fitowa in rungumi koyarwa, kuma ta ina zan fara?

Amsa ta farko:
Wa alaikumus salam, Baba. Ina ganin tarihin Jeff Corey, ɗan wasan Amurka da aka haifa a Brooklyn a 1914, zai yi maka amfani. A 1951 kwamitin majalisar wakilan ƙasar mai farautar waɗanda ake zargi da ra'ayin gurguzu ya kira shi, ya ƙi ambata sunan kowa, sai kamfanonin Hollywood suka daina ba shi aiki har kusan shekara 12. A garejin gidansa ya fara karɓar ɗalibai, kuma ya fi mayar da hankali ga sa su ƙirƙiri magana da motsi nan take, ba tare da rubutaccen labari ba, domin ɗalibi ya gano abin da ke cikinsa maimakon ya kwaikwayi malami. Fitattun 'yan wasan Amurka Jack Nicholson da Leonard Nimoy duk sun zauna a gabansa. Abin da ya shafe ka shi ne, da ƙofa ta sake buɗe masa a farkon shekarun 1960, ya koma fim da talabijin, har ya fito a shirin Star Trek a 1969 tare da tsohon ɗalibinsa Nimoy, amma bai rufe ajinsa ba. Ya rasu a 2002. Saboda haka ban ga dalilin da zai sa ka zaɓi ɗaya ka yar da ɗaya ba.

Amsa ta biyu:
Malam, ni malama ce, kuma zan faɗa maka inda wahalar take. Iya abu daban, iya koyar da shi daban. Za ka ga yaro ya haddace kalamansa tsaf, amma yayin da abokin wasansa yake magana, idonsa a bushe yake, leɓɓansa na motsi a hankali, jira kawai yake a zo kansa. Kai da ka saba, jikinka ne yake sauraro ba tare da ka yi tunani ba, to yanzu dole ka warware wannan sabo daki-daki har ya zama darasi. Ka tanadi waya mai kyamara, ka ɗauki kowane ɗalibi daga kusa, ku kalla tare, domin buɗe ido da ɗaga murya da ke burge 'yan kallo a dandamali sukan zama wuce gona da iri a allo. Game da takarda kuwa, aji na kanka bai buƙatarta, amma koyarwa ta dindindin a wuri irin sashen wasan kwaikwayo na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Zariya sai da digiri.

Amsa ta uku:
Yaya, ina tare da su, sai dai ban ji an taɓo batun kuɗi ba. Da yawa daga masu sallamar nan ba darasi suke nema ba, so suke ka haɗa su da darakta, kuma da zarar sun ga babu wannan a cikin tsarin, za ka neme su ka rasa. Ka faɗa musu tun ranar farko cewa ba ka yi alkawarin saka kowa a shiri ba, ka yanka kuɗin wata ko da kaɗan ne, ka fara da mutum shida ko takwas a ƙarshen mako. Matsayin mai unguwar nan ma kada ka raina shi, domin ganin fuskarka a allo ne zai riƙa kawo maka sababbin ɗalibai.