Musayar baituka kan Ritwik Ghatak, ɗan Bengal da aka raba wa ƙasa

Malam Na-Fagge:

Assalamu alaikum mutanen zaure. Wannan karon ni ke da buɗe fage, kuma na ɗauko wani ɗan Indiya da na san da yawanmu ba su taɓa jin sunansa ba, Ritwik Ghatak, daraktan fim ne kuma mai tsara wasan kwaikwayo na dandamali, da harshen Bengali ya yi fina-finansa shi ya sa ba su iso mana yadda na Bombai suka iso ba. Kowa ya amsa da amsa-amon da ya yi masa.

Da sunan Rabbana zan fara,
Mai bai wa harshe ikon furtawa.

Birnin Daka nan aka haife shi,
A 1925 ya yi isowa.

Uban majistare ne mai waƙa,
Gidan karatu ne da rubutawa.

Rajshahi ya yi ƙuruciyarsa,
A gaɓar Padma, kogi mai yalwa.

1943 yunwa ta sauka,
Miliyoyi sun tafi ba dawowa.

Ba a gama share wannan hawaye ba,
1947 ta zo da rabawa.

Bature Radcliffe ya ja layi,
Bai san ƙasar ba yake tsagawa.

Gabashin Bengal aka ce ta Pakistan ce,
Yamma Indiya ke riƙewa.

Daka da Rajshahi duk sun faɗa can,
Shi yana Kalkata ba hanyar komawa.

Tashar Sealdah cike da 'yan hijira,
Bakin layin dogo suke kwantawa.

Wannan ciwo shi ya riƙe shi,
Har ya bar duniya ba warkewa.

Hajiya 'Yar Damagaram:

Wa alaikumus salam Malam, Allah ya ƙara basira.

Malam ka ja zare ka tsaya a hanya,
Bari in ɗora daga dandamali.

Kafin ya san kyamara da majigi,
Wasan kwaikwayo shi ne tubali.

Akwai ƙungiyar IPTA ta 'yan gurguzu,
Masu kai wasa ƙauye da fili.

Wasan Nabanna na Bijon Bhattacharya,
Kan yunwar nan, ya ta da hankali.

1948 Ritwik ya rubuta nasa,
Kalo Sayar, shi ne asali.

1951 ya shiga cikinsu,
Ya tsara Dalil kan rabuwar iyali.

Yana rubutu yana fitowa,
Ya juya wasannin Turawa Brecht da Gogol zuwa Bengali.

Ya ce zaure ɗari nawa zai ɗauka?
Fim kuwa miliyoyi, ga dalili.

Jam'iyyar gurguzu ta kore shi 1955,
Mai gardama ne, haka nasa hali.

Ni dai abin da nake so a riƙe, duk wanda ya kalli fim ɗinsa zai gane ɗan dandamali ne ya riƙe kyamara, yadda yake barin 'yan wasa su ɗaga murya su yi kuka da ƙarfinsu ba ɓoye-ɓoye, masu suka na cewa ya cika zuzuta abu shi kuma bai taɓa jin kunyar hakan ba, da gangan yake yi don haka mutanensa suke ba da labari tun kaka da kakanni. Shi Bijon ɗin ma daga baya ya yi ta fitowa a fina-finansa.

Baba Tela:

Hajiya sannu, Malam sannu,
Ku ba tsoho wuri ya yi tambaya.

Mu Dilip Kumar muka tashi da shi,
Tun ana layin tikiti a sha wuya.

Madhumati na kalla ya fi a ƙirga,
Vyjayanthimala ce yarinya.

Pran ne azzalumin mai gandu,
Johnny Walker na ba da dariya.

Bimal Roy ya ja ragama 1958,
Labarin na Ritwik ne ba ƙarya.

Zancen a mutu a sake dawowa
Ba namu ba ne, mun bar wa Indiya.

Amma fim ɗin ya tara kuɗi,
A shekarar ya fi su gaba ɗaya.

To mai wannan hannu jama'a,
Me ya hana shi zama ya tara dukiya?

Ya bar Bombai ya koma Kalkata,
Ya yi fim kan tsohuwar mota a hanya.

Ajantrik nake nufi, shi ma 1958 ne, direban tasi mai suna Bimal da tsohuwar Chevrolet ɗinsa da yake kira Jagaddal, yana lallaɓa ta yana mata magana gari na masa dariya. Ni na san ƙaunar da ke tsakanin mutum da abin sana'arsa, haka nake da keken ɗinkina, amma a bar kuɗin Bombai saboda wannan, nan ne nake so masu ilimi su warware min.

Ɗan Zariya:

Baba ranka ya daɗe ga amsa,
Mutumin nan shi ya cuci kansa.

Dogon fim takwas ya kammala duka,
Saura ya fara ya bar su a ƙasa.

Komal Gandhar ya fito 1961,
Kujeru wayam, a kasuwa ya kasa.

Subarnarekha an gama 1962,
Sai 1965 ya ga masu kallonsa.

Masu zuba kuɗi suka guje shi,
Wa zai ba da jari ga mai barasa?

Ga darakta Satyajit Ray a gari ɗaya,
Ya kai sunan Bengal ƙasashen nesa.

Venis ta ba shi zinare 1957,
Oscar 1992 har kan gadonsa.

Ritwik kuwa shekara 50 ya faɗi,
Kwalba ta cinye ƙarfin jikinsa.

Raba ƙasa ta taɓa miliyoyi,
Ba kowa ne ya sha don ya manta nasa.

A yi haƙuri idan na yi zafi, amma wallahi abin na ɓata min rai ne in ga Allah ya ba mutum baiwa irin wannan ya riƙa zubar da ita da hannunsa mu kuma mu zo muna ta yabo.

Malama Ta-Gusau:

Ƙanena ka ƙirgo kofi da kuɗi,
Ni zan ba ka labarin Nita.

Fim ɗinsa Meghe Dhaka Tara, 1960,
Unguwar 'yan hijira gefen Kalkata.

Takalminta ya tsinke a kan hanya,
Ta ja shi haka, ba mai saya mata.

Uba malami ya faɗi ya karye,
Tukunyar gida ta koma kanta.

Yaya Shankar na koyon waƙa,
Kuɗin askinsa ma daga jakarta.

Ƙane ya shiga masana'anta,
Inji ya ji masa, asibiti sai ita.

Ta bar karatu ta kama aiki,
Digiri na biyu haka ya wuce ta.

Saurayi Sanat da take tallafa wa,
Ƙanwarta Gita ta ƙwace mata.

Uwar ta gani ta kau da kai,
In Nita ta tafi wa zai ciyar da ita?

Ranar da ta gane, tana sauka bene,
Ƙarar bulala Ritwik ya sa a bayanta.

Ba mai duka a cikin hoton,
Kai mai kallo kake jin saukarta.

Tarin fuka ya kama ƙirji,
Tana ɓoye jini a ƙyallenta.

Sai da Shankar ya yi suna ya dawo,
Ya kai ta Shillong kan dutse ta huta.

Can ta riƙe shi ta ce tana son rai,
Duwatsu suka amsa kukan nata.

Kuma fa wannan fim ɗin ya yi kasuwa, mutanen Kalkata sun cika sinima don kansu suka gani a ciki, Supriya Choudhury ce ta fito a Nita. Ni malamar makaranta ce na san irin Nita, kowace unguwa akwai 'yar da gida ya hau kanta tana ɗauke da kowa har aure ya wuce ta ana ta cewa ai wance mai haƙuri ce Allah ya yi mata albarka, ba wanda ya taɓa nuna min ita a allo yadda mutumin nan ya yi. Giya haramun ce kuma ta cutar da shi, ban ce a'a ba, amma Baba ga amsarka nan, abin da ya mayar da shi Kalkata ke nan, mutanen da yake son ya yi magana a kansu a can suke ba a Bombai ba.

Malam Na-Fagge:

Madalla Malama, kin taɓa inda ke ciwo. Bari in ƙara wa ɗan'uwanmu.

Ɗan Zariya tsaya mu duba,
Lissafin naka bai cika ba.

Nagarik ya gama tun 1952,
Pather Panchali bai ma zo ba.

Na Ray 1955 ya fito,
Na Ritwik bai sami mai rabawa ba.

Sai 1977 aka haska shi,
Mai shi bai kai ga gani ba.

Da an saka shi a kan kari,
Wa ya san wa za a sa a gaba?

Komal Gandhar da ka ce ya faɗi,
Kan 'yan dandamali ne da gaba ta raba.

Akwai layin dogo da ya ƙare a Padma,
An sa shinge, jirgi bai wuce ba.

Kyamara ta ruga ta daki shingen,
Gida na tsallake, ba a je ba.

Tsoffin abokai 'yan jam'iyya
Sun ga kansu ciki, ba su yafe ba.

Ray ɗin ma ya yabe shi a rubuce,
Bai ɗauke shi ƙaramin gwani ba.

Shi kuwa Subarnarekha ban iya sa shi a baiti ba don nauyinsa. Ishwar ne ɗan hijira da ya raini ƙanwarsa Sita da wani yaro Abhiram da ya tsinta, da suka girma suka so juna sai ya hana saboda an gano uwar yaron daga ƙasƙantaccen jinsi take a tsarin Hindu, suka gudu Kalkata suka yi aure, mijin ya mutu ya bar ta da ɗa da talauci, har talaucin ya kai ta inda bai kamata ba, kuma baƙon farko da aka turo ɗakinta a buge yayan nata ne, nan take ta kashe kanta. Mutanen da suka tsira daga rabon addini su ne suka zo suka sake raba kansu da asali, wannan shi yake faɗa, kuma ba mai son a faɗa masa haka ya biya kuɗin tikiti.

Ɗan Zariya:

Malam, Anti, gwaninta na yarda,
Zancena na kan mutanen gida.

Matarsa Surama da yara uku fa?
Nasu kukan wa ya sa a takarda?

Jukti Takko Aar Gappo, 1974,
Shi da kansa ya ba da shaida.

Ya fito a Nilkantha mashayi,
Mata ta ɗau ɗa, zama ta ƙi yarda.

Wanda ya hango Nita gidan wasu,
Ta ɗakinsa fa, ido ya kauda?

Ɗalibar Jos:

Iyayena ku ba ni wuri kaɗan,
Akwai saura a cikin bayani.

Ya koyar a makarantar fim ta Pune,
Zama kaɗan amma ya yi amfani.

Cikin ɗalibai akwai Mani Kaul,
Akwai kuma Kumar Shahani.

Padma Shri aka ba shi 1970,
Lamba kuwa ba ta zama magani.

1971 Bangladesh ta sami kai,
Ƙofar gida ta buɗu ya je gani.

Ya ɗauki Titas a 1973,
Kogin masunta ya ƙafe sai rani.

Tarin fuka ya same shi kan aiki,
Yana ɗauka yana aman jini.

6 ga Fabrairu 1976,
A Kalkata ya bar zamani.

Cikakken sunan fim ɗin Titas Ekti Nadir Naam, daga littafin Advaita Mallabarman aka ɗauko shi, labarin masuntan Malo ne da kogin da suke ci daga gare shi ya cike da yashi, ruwa ya janye, masu gona suka hau sabuwar ƙasar su kuma suka watse. Mu a aji abin da ya fi ɗaure mana kai shi ne yadda yake aje mutum dab da kyamara a gefe guda ga kogi ya buɗe a bayansa har ƙarshen ido, da yadda yake sa sauti ya faɗi abin da baki bai faɗa ba, wannan ba a koyonsa a littafi. A 2010 gidauniyar Martin Scorsese mai gyara tsoffin fina-finai ta sabunta shi, yanzu hoton fes yake. Yaya Ɗan Zariya, tambayarka tana kan hanya kuma ni ma mace ce na ji ta, amma Surama ba ta jira wani ya rubuta mata ba, ita da kanta ta yi littafi a kansa da zaman da suka yi.

Ɗan Zariya:

Ƙanwata na gode da wannan,
Titas zan nema in zauna.

In na gama zan zo da baiti,
Amma batun Surama yana nan a raina.

Baba Tela:

To Allah ya yi muku albarka 'ya'yana. Ni na Nita ɗin nake so in fara da shi, wanda ya samu mai fassarar Turanci a ƙasa ya turo min ta waya, jikana zai riƙa karanta min idan na rufe shago bayan isha'i.