Neman taimako: hasken bishiyar tagullata yana dusashewa a ƙananan rassa

Assalamu alaikum, 'yan uwa masu sanin aikin lantarki. Ina zaune a Aboabo, cikin Kumasi, kuma wata uku ke nan ina ƙera samfurin wata bishiyar haske da na ƙirƙiro a cikin labarin da nake rubutawa, inda mutanen wani birni na ƙarƙashin ƙasa, waɗanda ba su taɓa ganin rana ba, suke rayuwa da haskenta.

Na gina ta bisa tsarin siffar da take maimaita kanta, wadda masanin lissafi Benoit Mandelbrot ya laƙaba wa suna firaktal a 1975. Kowane reshe yana rabuwa biyu, kuma tsawon sabon reshe kashi biyu cikin uku ne na wanda ya haife shi. Gangar jikin santimita 60 ce, bayan rabuwa bakwai kuwa na sami kawuna 128, kowanne bai kai santimita huɗu ba.

Matsalar ita ce, ƙananan fitilun LED da na jera cikin bututun tagulla suna aiki da bolt 5, kuma da zarar na kunna su sai gindin ya yi fari tas, kawunan kuma su koma ja-ja kamar garwashin da ya kusa mutuwa. Wannan ya saɓa wa labarin, domin a can kawunan ne suka fi haske. Na sayo waya mai kauri a kasuwar Kejetia, amma ta ƙi shiga rassan sama saboda ƙanƙantarsu.

Shin in koma bolt 12, ko kuwa in ajiye fitila ɗaya mai ƙarfi a gindi in raba haskenta zuwa rassan ta zaren gilashi mai ɗaukar haske? Don Allah wanda ya taɓa gwada ɗayansu ya yi mini bayani.