Shawarwarin da aka ba mai shirin fim ɗin jinya

Daren Juma'a mun zauna a wata majalisa kusa da Ƙofar Soro, inda wani ƙanenmu ya kawo labarin fim ɗin da yake son ɗauka: uba ne hawan jini ya jawo masa shanyewar ɓarin jiki, babban ɗansa ya karɓe ragamar gida.

Abin da aka fi jaddada masa shi ne kada ya mai da ɗan mugu. Wani dattijo ya ce, "Ɗana, mai jinya yakan fara mulki bai ma sani ba." Ya ce sai ƙanen namu ya nuna hakan a ƙananan abubuwa: makullin shago da ya koma aljihun ɗan, wayar Baba da aka ɗora inda hannunsa ba ya kaiwa, abokansa da ake sallama tun daga zaure da cewa yana barci. Wannan ya taɓa ni ƙwarai, don na ga irinsa a gidanmu.

An ce ya bar waƙa da rawa. Kyamara ta tsaya kan uwargida tana ba mijinta kunu da cokali, ko da babu mai magana.

Wani ma'aikacin jinya ya ja hankalinsa cewa idan ɓarin dama ne ya shanye, sau da yawa magana ma kan sarƙe, don haka ɗan wasan ya koyi hakan wurin likita.

Batun kasuwa kuwa, an gaya masa irin wannan fim ba ya saurin mayar da kuɗi. Aka ba shi shawarar ya gwada FESPACO, bikin baje kolin fina-finan Afirka da ake yi a Wagadugu, babban birnin Burkina Faso, wanda aka fara a 1969, ake kuma yi duk bayan shekara biyu.